Sarauniya Kiristin ta Yamai: Zalika Souley da Silimar Nijar

A shekarar 1966 babu gada ko ɗaya a kan kogin Kwara a Yamai. Mutumin Kirkissoye, ko na Lamorde, ko na wani ƙauye a Harobanda, in yana son kallon silima sai ya shiga kwalekwale ya haye cikin gari. Gadar Kennedy, wadda Amurka ta ba da kuɗin gina ta, sai a ƙarshen 1970 aka buɗe ta. Amma Amurka ta riga gadar tata isowa da shekaru masu yawa. Ta iso a cikin gwangwanayen fim, ana haska ta da daddare a bangon silima marar rufi: kaboyi a kan doki, 'yan fashin banki, da mata masu jan baki da ke zaune a mashaya suna jiran jarumi.

Ba 'yan Nijar ke zaɓen abin da za su kalla ba. Kamfanoni biyu na Faransawa, COMACICO da SECMA, su ke riƙe da rarraba finafinai da yawancin gidajen silima a ƙasashen da Faransa ta yi wa mulkin mallaka, tun daga Dakar har gaɓar tafkin Cadi. Sukan sayi finafinan da suka gama cin kasuwarsu a Turai da araha, na Amurka da na Indiya da na Masar, su bi da su gari gari har zaren ya tsufa. Yamai a lokacin samun 'yanci ba ta wuce mutum dubu 30 da 'yan kai ba, don haka fim ɗaya ya isa ya cika gari da zance. Samari suka ɗauki tafiyar kaboyi, da karkata hula, har da sunayen 'yan wasan.

Wannan ɗaukar suna tana cikin abin da ya shigar da 'yan Nijar cikin tarihin silima. A 1957 Bafaranshen nan Jean Rouch ya ɗauki fim a Treichville, unguwar 'yan ci-rani ta Abijan, da samarin Nijar masu dako a tashar jiragen ruwa. Fim ɗin, Moi, un noir, ya fito a 1958 ya kuma ci kyautar Louis Delluc a Faransa. Jaruminsa wani tsohon soja ne da ya yi wa Faransa yaƙi a Indocina, Oumarou Ganda, haifaffen Yamai, wanda a cikin fim ɗin yake kiran kansa Edward G. Robinson. Abokinsa shi ne Eddie Constantine, wani kuma Tarzan. Budurwar da Ganda ke mafarkin aura ana ce mata Dorothy Lamour.

Dorothy Lamour ta gaskiya 'yar New Orleans ce, an haife ta a 1914. Ta yi suna da ɗaura zani a ƙirji a finafinan tsibirai, ta yi jerin finafinan barkwanci tare da Bing Crosby da Bob Hope, ta tsufa tana fitowa a talabijin da dandalin wasa, ta rasu a 1996. Dorothy Lamour ta Treichville kuwa, sunanta guda ɗaya kawai aka rubuta a jerin 'yan wasa, Gambi. Ganda ya dawo gida ya zama babban darakta. Ita daga wannan fim ba ta zama 'yar wasa ba. Sai bayan shekara takwas aka samu macen da ta shiga gaban kyamara a Nijar ta kuma ƙi fita, ta mai da abin sana'a.

Wanda ya fara saka ta a fim shi ne Moustapha Alassane. Makanike ne tun farko, mai hannun zane, wanda ya koyi aikin kyamara a cibiyar binciken kimiyyar ɗan Adam ta Yamai inda Rouch ke aiki, sannan ya je Kanada ya ga yadda Norman McLaren ke motsa zane. A 1962 ya yi Aouré, ɗan gajeren fim kan auren Zabarmawa. A 1966 ya yi Le Retour d'un aventurier, fim na minti 34 da ake lissafa shi a matsayin fim ɗin kaboyi na farko da Baafirke ya yi.

Labarin ba shi da wuya. Wani saurayi, Jimi, ya dawo daga Amurka da akwati. Ya tara abokansa ya buɗe, yana ciro kaya yana miƙa wa kowa: malafar kaboyi, riga mai aljihu biyu, ɗamara, takalmin sau-ciki mai tsini, ƙaramar bindiga. Da kayan da sabon suna ake karɓa. Wannan ya zama Black Cooper, wancan James Kelly, wani Casse-Tout. Suka hau dawaki suka addabi garinsu da faɗa da caca da shan giya, suna raina dattawa, har wasa ya kai ga zubar da jini. A cikinsu mace ɗaya ce. Ita ma an miƙa mata wando da hula da bindiga, aka raɗa mata Reine Christine, wato Sarauniya Kiristin, sunan da Greta Garbo ta ɗauka a wani fim na Hollywood na 1933, inda ita ma ta sa kayan maza ta hau doki. Yarinyar da ta hau dokin a Nijar ita ce Zalika Souley, haifaffiyar Yamai a watan Oktoba na 1947, ba ta ma cika shekara 20 ba. Wani matashin Bafaranshe, Serge Moati, ya bi su yana ɗaukar yadda ake aikin, ya fitar da nasa fim mai suna Les Cow-boys sont noirs, shi ya sa har yau ana iya ganin 'yan wasan a bayan fage.

Alassane zolaya yake yi. Yana nuna wa samarin zamaninsa yadda suke in sun ari rigar da ba tasu ba. Maza 'yan wasan sun tuɓe kayan kaboyi sun koma harkokinsu, wasu ma sun ci gaba a silima, kamar Djingarey Maïga wanda ya zama darakta. Zalika ce kaɗai gari ya ƙi yarda ta tuɓe. Ita ma, a faɗi gaskiya, ba ta yi wani ƙoƙarin ɓoyewa ba: an san ta da sa wando a titin Yamai a lokacin da hakan abin magana ne, tana shiga inda take so, tana jin daɗin sunan da ta yi.

Daga nan sai Ganda ya ɗauke ta, kuma yawancin aikinta mai nauyi da shi ta yi. Cabascabo, wanda aka gama a 1968, da Zabarmanci aka yi shi, labarin tsohon sojan Indocina da ya dawo da kuɗin sallama, abokai da mata suka taya shi cinyewa, suka watse suka bar shi. Ganda ne ya fito a sojan, domin kusan tarihinsa ne. Zalika ta fito a macen da ke cikin masu cinye kuɗin. An nuna fim ɗin a Cannes a 1969, ya kuma samu kyauta a Mosko a wannan shekarar.

Sai Le Wazzou polygame. Wani Alhaji ya dawo daga Makka da sabon suna da sabuwar ƙima, yana da mata biyu, ya sa ido a kan Satu, yarinyar da aka riga aka yi wa Garba alkawarinta. Iyaye suka ga Alhaji suka ga Garba, suka zaɓi inda kuɗi yake. Garba ya bar gari cikin baƙin ciki. Matar Alhaji ta biyu, Gaika, ta ƙudura ba za a kawo mata kishiya tana raye ba. Da dare ta lallaɓa ɗakin amarya don ta kashe ta, cikin duhu ta kashe ɗaya daga cikin ƙawayen amarya. Zalika ce Gaika. A 1972, lokacin da bikin FESPACO na Wagadugu ya fara ba da babbar kyautarsa, Dokin Yennenga, wannan fim ne ya ɗauke ta. Wato kyautar silima mafi girma a Afirka, hannun ɗan Nijar ta fara shiga, kuma fuskar da alƙalan suka gani tana tafasa da kishi ta Zalika ce.

A 1972 ɗin ta fito a finafinai biyu kuma. A Saitane na Ganda, wani malamin tsibbu ne ke yi wa attajiri hanya zuwa ga matar aure. A FVVA na Alassane, wanda haruffansa ke nufin mace da mota da gida da kuɗi, ƙaramin ma'aikaci ne ke satar kuɗin aiki don ya kai matsayin da dangi da gari ke so ya kai. Duk wanda ya jera waɗannan finafinai zai ga cewa abin da daraktocin ke suka maza ne: Alhajin da ya mai da aikin hajji tsanin ƙarin aure, malamin da ke cin abinci da addini, ma'aikacin da ya ci amana, sojan da ya yi almubazzaranci. To amma labari yana bukatar macen da za a ga ɓarnar a jikinta, kuma a Yamai ta wancan lokaci ba kowane uba ko miji zai bar tasa ta tsaya gaban kyamara ba, balle ta fito a karuwa ko mazinaciya ko mai kisan kai. Wadda ta yarda sau ɗaya, ita za a yi ta komawa. Haka duk muggan matan silimar Nijar suka taru a fuska ɗaya.

'Yan kallo da yawa ba su raba wasa da gaskiya ba, ko kuma sun raba amma ba su ga dama ba. Ni ina ganin na biyun ya fi yawa. Mutanen da suka tashi da tatsuniya da wasan gauta da tashe sun san mutum yana iya kwaikwayon abin da ba shi ba ne. Ba a taɓa jin an ƙi gaisawa da Ganda don ya fito a mashayi ba. Abin da ba a yafe wa Zalika ba shi ne ta fito ɗin, a gan ta, a san sunanta, ta hau jirgin sama ta tafi bukukuwa a ƙasashen waje ba da rakiyar kowa ba. Rawar da ta taka hujja ce kawai da aka samu a kusa. Ba ita kaɗai ba ce: a 1966 ɗin nan Thérèse M'Bissine Diop, wata mai ɗinki a Dakar, ta fito a La Noire de… na Sembène Ousmane, ita ma ta sha tsangwama a unguwarsu har da cikin danginta.

Hausawa na cewa kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi. A nan ma kurar ta sha bugu, sai dai gardin da ke riƙe da ita bai kwashi komai ba, domin Ganda da Alassane ba su yi arziki da fim ba. Yadda abin yake tafiya shi ne, a 1963 ma'aikatar haɗin gwiwa ta Faransa ta buɗe ofishin silima a Paris. Darakta zai ɗauki fim a ƙaramin zare mai faɗin milimita 16, da kyamarar aro da abokai, ya aika Paris a wanke a haɗa. Ofishin ya biya shi wani abu a matsayin sayen izinin nuna fim ɗin ba don kasuwanci ba, wato a cibiyoyin al'adun Faransa da makarantu da bukukuwa. Kuɗin yakan tafi ne wurin biyan bashin fim ɗin da aka gama da fara na gaba. Gidajen silima na kasuwa, inda ake yankar tikiti kullum, an gina su ne a kan babban zare mai milimita 35 da kayan da kamfanonin nan biyu ke kawowa. Fim ɗin gida yakan samu shiga jefi-jefi, ya isa dai a san fuskar 'yar wasa a kasuwa, bai isa ya zama hanyar abinci ba. Ɗan wasa abin da aka ba shi a lokacin ɗauka shi ke nan. Ko an nuna fim ɗin sau ɗari a Turai, ba sauran abin da zai biyo baya.

A nan ne kwatanta ta da 'yar wasan Amurka yake da amfani, kuma wadda ta fi dacewa ba Dorothy Lamour ba ce, Hattie McDaniel ce. Baƙar fata ce, 'yar bayin da aka 'yanta. Ta yi aikatau da gadin banɗaki kafin ta samu shiga fim, da ta shiga kuma aikatau ɗin aka yi ta ba ta ta kwaikwaya. A 1940 ta zama baƙar fata ta farko da ta ci Oscar, saboda Gone with the Wind, fim ɗin da aka hana ta halartar bikin buɗe shi a Atlanta saboda launinta. A daren kyautar ma teburi daban aka ware mata a gefe. 'Yan'uwanta baƙaƙe masu fafutuka suka yi ta sukarta cewa tana zubar musu da mutunci da irin rawar da take karɓa. Ta koma rediyo da talabijin da shirin Beulah, ta rasu a 1952 ba ta bar dukiya ba, maƙabartar Hollywood da ta yi wasiyya a kai ta kuma ta ƙi karɓar gawarta. Ita ma ke nan ta ɗauki laifin rawar da wasu suka rubuta. Bambancin yana wani wuri. McDaniel 'yar ƙungiyar 'yan wasan fim ce, wadda aka kafa a 1933, kuma da ciwo ya kwantar da ita a asibitin masu sana'ar fim ta yi jinya, asibitin da asusun taimakon juna na 'yan fim ya gina da ɗan abin da ake cirewa daga albashinsu. Bayan rasuwarta da shekara takwas, a 1960, ƙungiyar ta shiga yajin aiki, Ronald Reagan na shugabanta, ta samo wa 'yan wasa fansho da kaso duk lokacin da aka maimaita sabon fim a talabijin. Ba tausayin masu kamfani ya kawo wannan ba. Akwai kasuwa mai kawo kuɗi, akwai kuma 'yan wasa masu yawan da in sun zauna a gida aiki zai tsaya. Zalika ba ta da ko ɗaya cikin biyun. Yajin aikin mutum ɗaya a sana'ar da ke fitar da fim biyu ko uku a shekara ba zai girgiza kowa ba.

An samu lokacin da ya kamata abin ya gyaru. A 1971 aka fara haƙar yuraniyom a Arlit, bayan juyin mulkin Seyni Kountché na Afrilun 1974 kuma farashinsa ya tashi, gwamnati ta samu kuɗin da ba ta taɓa gani ba. Amma inda mulkin soja ya zuba ƙarfinsa a fannin al'adu shi ne ƙungiyoyin samariya da bikin matasa na ƙasa, wanda aka fara a 1976, sai kuma talabijin. Wannan ya yi amfani ƙwarai: wasan kwaikwayo na Hausa ya bunƙasa, ƙungiyar gidan rediyon Damagaram da su Yazi Dogo suka shiga kowane gida ta tashar talabijin ta Tele Sahel, mata da dama suka samu filin wasa a ƙarƙashin inuwar hukuma, inda zargi ya fi sauƙi. Silima dai ta ci gaba da tafiya da ƙoƙarin mutum ɗaya ɗaya. Djingarey Maïga ya fara jerin finafinansa masu kalmar “baƙi” a sunansu, Ganda ya yi L'Exilé a 1980, Zalika na ciki. Ranar 1 ga Janairun 1981 Ganda ya rasu yana da shekara 45. A rana ɗaya ta rasa wanda ya fi kowa rubuta mata rawa.

A watan Maris na 1982 masu shirya finafinan Afirka suka taru a Yamai suka fitar da sanarwar da har yau ake kira da sunan birnin. Abin da suka faɗa daidai ne: ba za a samu silima ba sai an haɗa shiryawa da rarrabawa da gidajen kallo da talabijin, a kuma mayar da harajin tikiti cikin sana'ar. An ma riga an kafa hukumar rarraba finafinai ta haɗin gwiwar ƙasashe, CIDC, a Wagadugu, ɗan Nijar Inoussa Ousseini na shugabanta. Ba ta kai ƙarshen shekarun 1980 ba ta durƙushe, domin ƙasashen ba su biya abin da suka yi alkawari ba. A daidai lokacin farashin yuraniyom ya faɗi, aka shiga tsuke bakin aljihu. A 1983 Zalika ta fito a Aube noire na Djingarey Maïga da Pétanqui na Yéo Kozoloa a Kodebuwa. A 1990 Tunusiya ta ba ta lambar girma ta al'adu. Aikin dai ya riga ya ƙafe.

Sauran labarin gajere ne. Bidiyo ya shigo, aka karya darajar sefa da rabi a Janairun 1994, kayan waje suka ninka kuɗi, gidajen silima irin su Vox da Zabarkan da Jangorzo suka yi ta mutuwa ɗaya bayan ɗaya. Kallo ya koma rumfar zana a cikin unguwa, da talabijin ɗaya da benci.

Da ba don Rahmatou Keïta ba, da iyakar abin da za a sani ke nan. 'Yar jarida ce haifaffiyar Yamai da ta yi aiki a talabijin a Faransa, ta dawo ta nemi Zalika ta ɗauke ta a fim ɗin gaskiya mai suna Al'lèèssi, wanda ya fito a 2004 aka kuma nuna shi a Cannes a 2005. Ta same ta a gida mai ɗaki biyu a Yamai, ita da 'ya'yanta huɗu, ba famfo ba lantarki. Fim ɗin yana bin ta tun daga safiya cikin aikin gida, yana yankowa zuwa tsofaffin hotuna inda take kan doki ko cikin kwalliya, yana kuma zama da su Alassane da Maïga suna ba da labarin zamanin da ya wuce. Abin da ya fi tsaya wa mai kallo shi ne ba ta magana kamar mai neman gafara. Tana faɗin abin da aka yi mata da abin da ta yi, tana dariya inda abin dariya yake. A ƙarshe aka rubuta cewa a shekarar 2000 ta bar ƙasa, tana aikatau a waje. McDaniel ta fara da aikatau ta ƙare a fim. Zalika ta fara da sarauniya.

Lokacin da silimar Yamai ke mutuwa, wata tana tasowa a Kano. Daga fim ɗin Turmin Danya na 1990 aka shiga zamanin kaset, sannan faifai, kuma Maraɗi da Damagaram da Yamai suka zama babbar kasuwar finafinan Hausa. Wannan karon akwai kasuwa ta gaske, akwai 'yan wasa mata da yawa, har da waɗanda suka zo daga nesa, kamar Hadiza Gabon daga Libreville, da mawaƙiya Fati Nijar daga Maraɗi. Akwai ƙungiyoyi kuma. Sai dai ƙungiyoyin sun fi ƙarfi wurin ladabtarwa fiye da wurin karɓo haƙƙi. A Oktoban 2016 ƙungiyar masu sana'ar fim ta MOPPAN ta kori Rahama Sadau daga masana'antar saboda ta rungumi mawaƙi ClassiQ a bidiyon waƙa. Mutum biyu ne a hoton, hukuncin a kan ɗaya ya faɗa. Daga baya an janye korar, ita kuma ta riga ta samu wasu ƙofofin a Legas. Shekara 50 cif tsakanin wannan da wandon Sarauniya Kiristin.

Yau a Kirkissoye ba mai haye kogi don kallo. A bakin hanya akwai ɗan kanti na mai cajin waya, allo cike da soket, wayoyi jere kowace da 'yar takarda mai lamba, a gefe tsohuwar kwamfuta da ƙura ta rufe madannanta. Yarinya za ta zo da wayar uwarta a ƙulle a bakin mayafi ta ce, “Yaya, Inna ta ce a tura mata ci gaban na jiya, da Indiya fassara guda biyu.” Ya zare katin ya soka, ya ja ya zuba, ta biya 'yan canji ta tafi. Daga cikin canjin nan ba ko dala da za ta kai ga matar da fuskarta ke cikin katin. Manyan tashoshin Kano na YouTube sun ɗan canza lissafin, tunda yanzu ana ƙirga kowane kallo ana kuma biya, amma mai tashar ake biya. 'Yar wasa yawanci kuɗin fitowarta take karɓa a wurin ɗauka, sauran sai abin da sunanta ya jawo mata na talla ko kasuwanci. Ko a Amurka ma rigimar ba ta ƙare ba: a 2023 'yan wasa sun yi kwana 118 suna yajin aiki, kuma kason maimaici a dandalin intanet yana cikin manyan dalilan.

Matan Nijar da suka biyo bayan Zalika kamar sun karanci darasin, domin waɗanda suka yi nisa bayan kyamara suka tsaya, inda mallakar fim take. Mariama Hima ta fara tun shekarun 1980 da gajerun finafinai kan masu sana'ar hannu na Yamai, irin su Baabu Banza, kan masu sarrafa tsofaffin tayoyi. Rahmatou Keïta ta yi Zin'naariyâ! a 2016, wanda ya zama fim na farko da Nijar ta aika gasar Oscar. Aïcha Macky ta Damagaram ta yi L'Arbre sans fruit a 2016 kan matan da ba su samu haihuwa ba, sannan Zinder a 2021 kan samarin unguwar Kara-Kara. A 2017 aka buɗe sabon gidan silima na Canal Olympia a Yamai, a shekarar kuma gidan adana fasaha na MoMA a New York ya yi bikin tunawa da finafinan Alassane, shekara biyu bayan rasuwarsa.

Zalika ta dawo gida, an riƙa gayyatarta bukukuwa ana karrama ta a matsayin uwar 'yan wasan Afirka, tana zuwa cikin lulluɓi ana kiranta Hajiya. Ta rasu a Yamai ranar 27 ga Yulin 2021 bayan doguwar jinya, tana da shekara 73. Ganda yana da cibiyar al'adu da sunansa a Yamai, da kyautar da FESPACO ke bai wa sabon darakta. A Oktoban 2024 hukumomi suka cire sunan Jean Rouch daga tsohuwar cibiyar al'adun Faransa da Nijar suka sa na Moustapha Alassane. Finafinan da suka jawo wa Ganda da Alassane wannan girma, tun daga na kaboyi har zuwa L'Exilé, kusan duk Zalika na ciki, kuma mafi yawan kwafinsu masu kyau a ɗakunan ajiya na Faransa suke.